Reza, Wata da Idon Maraƙi: Wa Ya Sa Mana Wannan Fargabar?

Auwalu Edita: Assalamu alaikum 'yan zaure. Na kalli guntun fim ɗin da Malam Habu ya turo daren jiya, Un Chien Andalou, fim ɗin Faransa na 1929. Minti goma sha shida ne, sau biyu na kalla. Zan faɗi ra'ayina, wanda zai ji haushi ya yi haƙuri. Duk wannan zancen cewa tsofaffin gajerun fina-finai marasa magana suna da wasu alamomi masu zurfi da ke hana mutum barci, mu ne muke ɗora musu. Tsufa ne kawai ke tayar mana da tsikar jiki. Hoto baƙi da fari duk ya kakkarce, mutane na tafiya kamar ana fizgar su da zare, baki na motsi babu sauti, ga kuma sanin cewa duk wanda ka gani a ciki ya daɗe a ƙasa. Ku ba ni bidiyon kamun amarya in yi masa haka, wallahi sai ya ba ku tsoro.

Hassana: Wa alaikumus salam. Yaya Auwalu, da sassafe ka fara?

Auwalu Edita: Ko kare babu a fim ɗin fa, Hassana. Sunansa Karen Andalus, ba kare ba Andalus. Wannan ai soki-burutsu ne.

Baba Tanko Mai Hoto: Ɗana Auwalu, rabin maganarka gaskiya ce, kuma rabin da ya shafi sana'ata ne, bari in tabbatar maka da shi. Kyamarar wancan zamani da hannu ake juya ta. Yawanci hoto goma sha shida zuwa sha takwas take ɗauka a daƙiƙa ɗaya. Da fim mai magana ya zo aka tsayar da gudu a kan ashirin da huɗu, to in ka ɗora tsohon fim a kan sabon gudu dole ka ga mutane na sauri kamar kaji an watsa musu tsaba. Sannan fim ɗin da aka fi ɗauka da shi kafin tsakiyar shekarun 1920 ba ya ganin ja. Jan leɓe baƙi ƙirin yake fita, mai shuɗin ido kuma idonsa ya fito fari fat kamar na makaho. Wannan duk ba wanda ya shirya shi, halin kayan aiki ne.

Amma ga inda ka zame. Mutanen da suka kalla a lokacin ba su ga karce ba, kwafin sabo ne fil. Kuma ba shiru suke zaune ba, akwai mai kaɗa fiyano a gaban allo, babban gida ma da makaɗa cikakku. Da yawan fina-finan har rini ake musu, shuɗi in dare ne, ruwan ɗorawa in cikin ɗaki ne da fitila. To su me ya ba su tsoro?

Auwalu Edita: Baba, wa ya ce sun ji tsoro?

Malam Habu: Akwai wanda ya rubuta. Maxim Gorky, marubucin Rasha, ya kalli hotuna masu motsi na 'yan gidan Lumière, Faransawan da ke cikin waɗanda suka fara nuna fim, a kasuwar baje koli ta Nizhny Novgorod a 1896, ba a fi 'yan watanni da fara nuna su a Faris ba. Ya rubuta a jarida cewa ya shiga masarautar inuwa: komai toka-toka, ganye na kaɗawa ba ƙara, mutane na dariya ba a jin dariyar, kamar an tsine musu an ƙwace musu launi da murya. Ka ga wannan fim ɗin bai tsufa ba, jariri ne. 'Yan wasan ma ba su mutu ba. Don haka cire tsufa daga lissafinka.

Auwalu Edita: Na cire, Malam. Amma kun ƙara min hujja ne ba ku rage ba. Abin da Gorky ya gani titi ne da jirgin ƙasa da masu karta, ba wata alama a ciki. Kenan na'urar ce ke kawo fargabar, ba hikimar darakta ba.

Hassana: To bari in kawo maka wanda ba za ka ce na'ura ba ce. Frankenstein na kamfanin Edison, 1910, shi ma bai wuce kwata na awa ba. A ƙarshensa dodon ya shiga ɗaki ya tsaya gaban babban madubi. Sai shi ya ɓace, hotonsa ya rage a cikin madubin. Wanda ya ƙera shi ya shigo, ya tsaya a wurin, maimakon ya ga kansa sai ya ga dodon yana kallonsa, a hankali dodon ya dusashe fuskarsa ta dawo. Yaya Auwalu, ko yaron firamare ya san abin da ake faɗa masa a nan. Dodon a cikin mutumin yake. Wani ne ya zauna ya tsara wannan, ba kyamara ce ta yi kuskure ba.

Kuma haka nake karanta na jiya. Ido da aka tsaga a farko, ana ce maka ne ka bar yadda ka saba kallo. Mutumin da ya yunƙura zai kai ga matar ya tsinci kansa yana jan igiya biyu, a ɗaure da fiyano biyu, a kan kowane da mushen jaki, ga limaman coci biyu ana jan su a ƙasa: wannan nauyin tarbiyya ne da addini da wayewar masu kuɗi, duk suna riƙe shi. Tururuwar da ke fita daga ramin tafin hannunsa ruɓewa ce daga ciki. Komai yana da wurin zama.

Auwalu Edita: Na madubin na yarda. Amma shi ai ba ya hana barci, kin gane shi kin wuce.

Mamman na Damagaram: Sannunku. Malama Hassana, fassararki ta yi daɗi, sai dai masu fim ɗin sun riga ki magana. Luis Buñuel ya ba da labarin yadda aka yi. Ya je wurin Salvador Dalí a Sifaniya ya ce ya yi mafarkin siririn gajimare ya yanka wata kamar yadda reza ke yanka ido. Dalí ya ce shi kuma ya yi mafarkin hannu cike da tururuwa. Daga nan suka rubuta shi cikin kamar mako guda, da doka ɗaya: duk hoton da za a iya yi masa bayani na hankali, a jefar da shi. In ɗayansu ya kawo abu ɗayan ya ga yana da ma'ana, ba ya shiga. Mahaifiyar Buñuel ce ta ba da kuɗin. Daga baya ya faɗa ƙarara cewa babu abin da ke wakiltar wani abu a cikin fim ɗin.

Ku duba rubutun da ke fitowa a allo ma, da yake ni Faransanci na yi a makaranta. Na farko irin buɗe tatsuniya ne, kamar mu ce ga ta nan ga ta nanku. Na biyu ya ce bayan shekara takwas. Sai wajen ƙarfe uku na dare. Sai shekara goma sha shida kafin nan, alhali ɗaki ɗaya ne, mutanen ba su motsa daga inda suke ba. Tsokana ce. Suna miƙo maka igiya kamar za ta kai ka wani wuri, ka ja ka ga guntuwa ce.

Auwalu Edita: Alhamdu lillahi. Mai kaya ya ce buhunsa ba komai, 'yan kallo sun ce akwai gero.

Hassana: Mamman, ka karanta maganar har ƙarshe mana. A wuri guda ya ƙara da cewa in ma akwai hanyar binciken alamomin, to wataƙila ta masu nazarin ɓoyayyen tunani ce irin ta Freud. Wanda ya ce ba komai a buhu, me ya sa yake gaya maka inda za ka kwance shi? Kuma mutum ya ce bai nufi komai ba, ba shi ke nuna ba abin da ya fito daga gare shi. Buñuel a makarantar limaman Jesuit ya yi karatu a Zaragoza. Shi da kansa ya ba da labarin yana yaro ya ci karo da mushen jaki ya kumbura ungulaye na ci, a kusa da garinsu Calanda, abin bai bar shi ba. Sai kawai a ce jaki da limamai sun faɗo cikin fim ɗinsa daga sama? Ya hana hankalinsa zaɓa, sai abin da ke ƙasa da hankali ya zaɓa masa.

Mamman na Damagaram: Wannan kam ban musa ba. Har ma zan ƙara miki: a Faransanci in hannunka ya mutu yana maka tsiki-tsiki, cewa ake tururuwa na cikinsa. Wasu suna ganin maganar baka ce aka mayar hoto. Amma kin ga yanzu tururuwar ta zama abu biyu, taki ruɓewa, tawa karin magana. Gobe wani ya kawo ta uku.

Malam Habu: Ni ina ganin yaƙi ma yana ciki. Shekara goma kenan da gama yaƙin duniya na farko, titunan Faris cike da waɗanda aka yanke wa hannu da waɗanda fuskarsu ta lalace. A fim ɗin akwai guntulallen hannu a tsakiyar titi, wata na tsokalarsa da sanda jama'a sun kewaye ta.

Mamman na Damagaram: Masu kallon sun ga yaƙi, Malam, amma masu fim ɗin 'yan Sifaniya ne, ƙasarsu ba ta shiga ba.

Malam Habu: Ka kama ni. Na janye rabi.

Anti Binta: Ina duba marasa lafiya ne sai yanzu na karanta. Ku duka kun haɗa abu biyu wuri guda. Akwai tsoro, akwai zullumi. Tsoro yana da abin da yake nunawa: ga maciji, ka gudu, ya ƙare. Zullumi shi ne ka shiga ɗakinka ka ji an taɓa wani abu amma ka rasa mene ne. Freud ya yi rubutu a kan wannan a 1919, ya ce abin da ya fi damun rai ba baƙon abu ba ne, sanannen abu ne da ya ɗan karkace. Ɗakin da ke cikin fim ɗin ɗaki ne irin na kowa, da gado da taga da ƙofa. Amma matar ta buɗe ƙofar nan, a bene a tsakiyar birni, sai ga ta a bakin teku. Mutumin ya shafa bakinsa da hannu, bakin ya shafe. Ba ƙaho, ba jini, amma cikinka ya juya.

Hassana ƙanwata, inda na rabu da ke shi ne kina karanta shi kamar littafin fassarar mafarkin nan da ake sayarwa a bakin masallaci, wanda ake jingina wa Ibn Sirin: in ka ga kaza, to kaza ne. Ranar da kika samu fassara, hankalinki ya kwanta. Shi ya sa Auwalu ya ce madubin Frankenstein ba ya hana barci, kuma gaskiya ya faɗa. Na Buñuel yana da kamar alama, yana da nauyin alama, an haska shi an matso da kyamara kamar ana ce miki lura da wannan, amma an ɓoye makullin, ko ma ba a ƙera shi ba. Ƙwaƙwalwa kuwa ba ta iya barin kurman baƙi. Tana ta juya shi har kan matashi.

Auwalu kuma, inda na rabu da kai: wannan ɓoye makullin aiki ne. Wani ne ya yi shi da gangan.

Auwalu Edita: Anti, aiki ne ko dai rashin aiki?

Anti Binta: Kai ne mai haɗa hoto. Gwada mana. Ɗauki minti na farko ka cire hoton gajimaren nan da ke ratsa wata, ka bar sauran yadda suke, ka gaya mana.

Baba Tanko Mai Hoto: Kafin ya dawo in ba ku wani abu. Lokacin da Turawan mulki suke yawo da majigi gari-gari a ƙasar nan, har da mai tsayawa yana bayani da Hausa, manyanmu wani suna suke kiran abin da shi: dodon bango. Su da Gorky ba su san juna ba, amma kusan abu ɗaya suka gani. Wannan na Auwalu ne, na ba shi kyauta.

Malam Habu: Hukumar tace fina-finai ta Birtaniya ma ta taɓa shiga irin halin da muke ciki. Germaine Dulac ta yi wani fim a Faransa da aka fara nunawa a 1928, a kan wani limamin coci da sha'awar matar wani janar ta rikita masa tunani, Antonin Artaud ne ya rubuta labarin. Suka hana shi, dalilinsu kuwa wai ya yi duhu har kusan ba shi da ma'ana, in ma yana da ita to babu shakka mummuna ce. Ba su gane ba, amma jikinsu ya ba su.

Hassana: Wannan hujjata ce ko ta Anti?

Malam Habu: Ku raba.

Auwalu Edita: Na dawo. Na yi, har kashi uku na yi.

Ga yadda asalin yake, na bi shi hoto-hoto. Mutum na wasa reza a jikin fata, Buñuel ne da kansa, da taba a baki. Ya gwada kaifin a farcen babban yatsa. Ya fita baranda ya ɗaga kai, ga wata cikakke. Sai fuskar mace, tana kallonmu ba ko gezau, yatsu biyu sun buɗe mata ido, reza ta matso. Sai a koma sama, siririn gajimare ya ratsa tsakiyar wata. Sai ido, reza ta bi ta kansa, ruwan ciki ya zubo. Da na tsayar da hoton na ga gashin dabba a gefe, idon mataccen maraƙi ne aka haska da fitila mai ƙarfi don fatar ta yi fari.

Da na cire gajimaren, abin ya zama ƙazanta kawai. Ka runtse ido ka ce tir, kamar ka leƙa inda ake gyaran kan rago ranar Sallah. Da na bar gajimaren na cire yankan, ya zama fim mai kunya irin wanda muka saba, an nuna maka wata a madadin abin da ba za a nuna ba, ka gane, an wuce. Amma yadda suka jera shi mugunta ce. Da ka ga gajimaren nan sai ranka ya ce alhamdu lillahi, sun rufa min asiri, da wannan za su tsaya. Ka saki jiki. A daidai lokacin da ka saki jikin suke yanka idon. Daga nan har fim ya ƙare ba ka ƙara yarda da su ba, ko ƙofa aka nufa sai gabanka ya faɗi.

Anti Binta: To?

Auwalu Edita: To na janye maganar tsufa da ta na'ura a kan wannan wurin. Hannun mutum ne. Amma ban ba Hassana gaskiya ba. Ba ma'anar wata ce ta yi aikin ba, wurin da aka ajiye shi ne. Mu masu editin mun san wannan tun daga gwajin Kuleshov a Rasha: fuska ɗaya ba ta canza ba, ka sa ta bayan kwanon miya a ce yunwa, ka sa ta bayan akwatin gawa a ce baƙin ciki. Almakashi ne, ba falsafa ba.

Hassana: Yaya Auwalu, ka saki jiki ne saboda ka karanta gajimaren a matsayin reza, wata a matsayin ido. Da ba ka karanta alamar ba, da me za su yaudare ka? Ka shigo gidana kana cewa ba ka zo ba.

Mamman na Damagaram: Ta kama ka a nan.

Auwalu Edita: Kama ce ta siffa, zagaye da zagaye, siriri da siriri. Wannan daban da a ce jaki na nufin tarbiyya.

Anti Binta: A kan jakin ina bayanka. A kan watan ina bayanta.

Malam Habu: Abin dariyar shi ne Buñuel ya so a ji haushi ne. Ranar da aka fara nunawa a gidan silima na Studio des Ursulines a Faris, Yunin 1929, yana bayan allo yana sauya faifai a garmaho, kiɗan Wagner da na tango, ya ce har duwatsu ya zuba a aljihu ko za a far masa. Sai aka tafa. Fim ɗin ya yi wata takwas ana nuna shi a Studio 28. Haushi ya sa ya rubuta cewa taron wawaye ne suka ga kyau da waƙa a cikin abin da shi kira ne na kisa. Da yana zauren nan da mu duka ya haɗa ya zage.

Baba Tanko Mai Hoto: Auwalu, tunda almakashinka na hannu, ga wani aikin. The Fall of the House of Usher na 1928, gajeren na Amurka, ba dogon da Jean Epstein ya yi a Faransa a shekarar ba. James Sibley Watson da Melville Webber suka yi shi a Rochester, minti goma sha uku, daga labarin Edgar Allan Poe. Su ba yanka suka dogara da shi ba, gilasai masu kusurwa suka riƙa sa wa kyamara a gaba, matakala ta rabu gida-gida tana hawa kanta, akwatin gawa na shawagi, inuwar guduma na sauka ba a jin ƙararta. Ka gyara masa gudu, ka share karcen, ka sa masa launi da manhajar nan taku. In fargabar ta tafi, na yarda kayan aiki ne. In ta zauna, ka biya wa zaure kuɗin data.

Auwalu Edita: Baba, launin zai ɗauki kwana biyu, kuma ina da bidiyon walima da zan miƙa ranar Alhamis.

Hassana: A sa masa Asabar. Kuma kada ya taɓa gudumar.

Auwalu Edita: Gudumar ce ma zan fara cirewa.